Waɗanda sunka bi hanyar adabin Ingilishi har jami'a, don Allah ku zo ku ba mu labari

Mushen angile, Ali Dan Sofo:
Salamu alaikum ƴan uwa. Ina da lisans ta angile daga Yamai, shekara shida ke nan ina koyarwa a lise nan Maradi, kwantaragi. Tun ina ɗalibi raina na ga adabi, ina son in ci gaba har doktora, in Allah ya yarda wata rana in koyar a jami'a. To amma ga iyali, kuma jami'armu ta Dan Dicko Dankoulodo tun da anka kafa ta a 2010 ƙarfinta ya fi ga kimiyya da noma da likitanci. Wanda ya bi hanyar nan ya faɗa mini abin da ya gani da idonshi. In koma Yamai, ko Damagaram, ko in tsallaka Najeriya?

Madam, Bagalam:
Wa alaikumus salam mushe. Ni a Yamai na yi mastar ina aiki nan, kuma gaskiya hanya ce ta fi ba ni wuya, kilomita sama da 600 ce, ka shiga kar da asuba ka isa da yamma ƙafafu sun kumbura, washegari ka zauna gaban malami kamar ba ka gaji ba. Abin da nake son ka sani tun yanzu, iya magana daban, nazarin adabi daban. Na tahi ina ganin Ingilishi ya zauna bakina, sai anka aje mana wasan kwaikwayon Ingila na shekara 400 da sunka wuce, shafi guda ya cinye mini dare, ƙamus a cinya, kuran ya tahi na ci gaba da fitilar waya. Daga baya na gane ma'anar kalmomin ma ba ita ake nema ba, so ake ka ce wani abu naka game da littafin ka kare shi da hujja daga ciki. Littattafai kuwa fotokofi ne na fotokofi, wani shafin gefenshi ya yanke sai ka cika kalmar da ka.

Wani ɗan uwa, Sabon Gari:
Ni Najeriya na yi. Kusa ne, ka bi Dan Issa ka faɗa Jibiya sai Katsina, daga nan Kano ko Zariya. Alherin can shi ne komai da Ingilishi ake yi, a aji da ofis da wajen taron ƙara wa juna sani, cikin wata shida harshena ya sake, kuma kana fita waje Hausa ce, ba ka jin baƙunta. Amma ka shirya haƙuri. Yajin aiki ya ci mini watanni, ga shi da anka rufe iyaka a 2023 babina na uku na hannun mai duba ni, ni ina nan shi yana can, sai WhatsApp, in tura saƙo ya kwana biyu bai buɗe ba saboda ɗalibai sun yi mishi yawa. Kuma kafin ka biya ko dala ka tambaya ko takardar jami'ar za ta samu ekibalans a gida, wato hukuma ta yarda daidai take da tamu, na san wanda ya gama ya dawo yana ta yawo da dosiye.

Tsohon malamin jami'a:
Ɗana, na ji daɗin tambayarka. Bari in faɗa maka abin da ke bayan doktora don kada ka ɗauka can ne ƙarshe. A wajenmu bayan tez, wato kundin binciken doktora, kana shiga a asistan, sai metir asistan, sai metir na konferans, sannan farfesa cikakke. Duk matakin da za ka hau, dosiyenka sai ya je CAMES, hukumar ƙasashen Afirka mai tantance malaman jami'a da anka kafa a Yamai a 1968, cibiyarta na Wagadugu. Malamai daga ƙasashe daban daban ne za su karanta abin da ka rubuta, ba su san ka ba, ba su san gidanku ba. Shekarun koyarwa kaɗai ba su ɗaga mutum, sai maƙalu a mujallun da ake tantancewa, kuma kafin matakin ƙarshe sai ka ja ɗalibai har sun kare tez a hannunka.

Maƙalata ta farko an maido mini ita da jan biro tun daga layin farko, mai dubawa ya ce na maimaita abin da Turawa sunka faɗa ne kawai. Na yi sati ban taɓa ta ba. Sai na tuna tatsuniyoyin kakata da yadda maroƙa ke jera kirari gaban sarki a Tibiri, na ɗauko wannan na aza kusa da wani littafin Afirka da anka rubuta da Ingilishi, na nuna inda bakin mai ba da labari ke motsi ƙarƙashin rubutun. Ita anka karɓa. Wannan ilimin kana da shi tun daga gida, kada ka raina shi. Yanzu ma da anka ce a 2025 Hausa ce harshen ƙasa, Ingilishi da Faransanci harsunan aiki, ina ganin masu riƙe da ukun nan za a neme su.

Wata yaya, Tasawa:
Ni na tsaya a shekara ta biyu ta tez, haihuwa da rashin lafiyar inna sunka haɗu. Har yau in na buɗe kwalin takardun zuciyata na sosuwa. Ƙanena, ka zauna da uwargida ku yi magana tun kafin ka yi rajista, shekarun nan tare za ku ɗauke su. Kuma ka fara neman malamin da zai riƙe ka kafin ka zaɓi gari.

Mushen angile, Ali Dan Sofo:
Allah ya saka da alheri, wallahi na karanta sau uku. Baba, maganar kirarin nan ta tsaya mini a rai, kakana makaɗi ne kuma ban taɓa tunanin haɗa shi da karatuna ba. In kun yarda zan rubuta shafi biyu kan abin da nake son bincika in kawo muku ku duba.

Tsohon malamin jami'a:
Kawo. Ranar Juma'a bayan la'asar ina gida. Ka taho da buhu, akwai littattafan da ƙura ke ci a ɗakina.