Ina zan samu gajerun bidiyo na namun daji don yara?

Maman Hadiza, Zariya:
Salamu alaikum jama'a, daga unguwar Zariya ta nan Maraɗi. Don Allah ina neman gajerun bidiyo na namun gidan zu waɗanda yara ƙanana ka iya kallo, minti biyu ko ukku haka. Ɗiyata shekara huɗu gare ta, tana son giwa da birai sosai, amma in na kunna mata ɗaya a waya kafin in dawo daga madafa wani ya biyo baya, zaki na yaga barewa jini ko'ina, yarinya ta kwan tana firgita. Kuma dogayen nan suna cinye mini mega. In akwai na Hausa ma ya hi.

Abban Sani, Ali Ɗan Sofo:
Wa alaikumus salam Hajiya. Ki kashe abin nan da ke kunna bidiyo na gaba da kanshi, ko ki sa YouTube Kids, wato YouTube na yara. Ni dai sauke su nike da dare in duba da idona tukuna, sannan in kashe koneksiyon in miƙa masu wayar.

Mushe Laminu:
Na Hausa kam ƙalilan ne, yawanci Faransanci ko Turanci. Abin da nike yi ma 'yan ajina, rage murya nike in yi bayanin da bakina, kun ga dorina, duk girman nan ciyawa take ci, yini take cikin ruwa sai dare ta hito kiwo, sai tambayoyi su ɓarke har a buga ƙararrawa. Kuma Hajiya ki nemo na ƙasarmu, kada ya zan kullum Kenya. Raƙuman dawa na Kure kusa da Yamai, irinsu a Nijar kaɗai suka rage a daji, a 2018 ma an kwashe 8 an kai Gadabeji can wajen Dakoro, cikin jiharmu ta Maraɗi. Yarana da na gaya masu haka ba su yarda ba sai da suka gani.

Inna Rabi:
Wa ke da ɗan'uwa a Yamai? Muze na Bubu Hama, gidan tarihin nan mai gidan zu a ciki, akwai zakuna da dorina da kadoji, ya shiga ya ɗauko da waya yana magana da Hausa ya turo ta WhatsApp. Masu zuwa Kano sayen kaya ma gidan zu na Audu Bako na nan.

Maman Hadiza, Zariya:
Na gode ƙwarai, Allah shi saka. Ƙanena na karatu a Yamai, yanzu zan kira shi. Mushe Laminu don Allah turo mini na raƙuman dawan in kana da shi.