Gidajen haya huɗu na 1844 a Sidni: me ya sa aka bar su da tsufansu?

Ɗan Magini:
Assalamu alaikum 'yan'uwa. Ina karatun zanen gine-gine a Sidni ta ƙasar Ostireliya, kuma akwai wani jerin gidaje a unguwar The Rocks da ya tsaya mini a rai. Sunansa Susannah Place, gidaje huɗu manne da juna a titin Gloucester, lamba 58 zuwa 64. An gina su da jan bulo a kan tushen dutse, kuma a jikin bangon gaba akwai dutse da aka sassaƙa sunan wurin da shekarar 1844. Edward da Mary Riley, waɗanda suka yi ƙaura daga Ayaland, su suka sa aka gina su.

Abin da ya ɗaure mini kai shi ne cikinsu. Fenti ya ɓaɓɓare, kana ganin wani launi a ƙarƙashin wani, takardar ado ta bango ta yayyage, matakalar kuma ƙunci gare ta, mutum biyu ba sa wucewa tare. Bayan gida da wurin wanki duk a tsakar gida suke ta baya. Hukuma ta sa wurin cikin kayan tarihi, to me ya hana a gyara shi ya yi kyau? Kuma ta yaya gidan talakawa ya tsira a tsakiyar birni mai tsada haka?

Malam Habu:
Wa alaikumus salam. Ɗana, da gangan aka bar shi haka. Iyalai fiye da 100 ne suka zauna a gidajen nan, har zuwa 1990 akwai 'yan haya a ciki. Kowane launin fenti da ka gani, hannun wani ne ya shafa shi. In aka kankare aka shafa sabo, an share mutanen ke nan, an bar bulo kawai. Masu kula da wurin suna hana ruwa shiga, suna tsare abin da zai faɗi, amma ba sa mayar da tsoho sabo.

Ka kuma lura da bangon da ke raba gida da gida. Dokar gini ta Sidni ta 1837, wadda aka ɗauko salonta daga Landan, ta matsa kan katangar bulo tsakanin maƙwabta saboda gobara. Shi ya sa a tsofaffin jerin gidajen birnin za ka ga bangon ya ɗan ɗara rufi. Barandar ƙarfe mai ado da ake gani a gidajen unguwar Paddington ta Sidni daga baya ta zo, gidajen 1844 fuskarsu sumul take.

Hajiya Turai:
Malam ya faɗi gaskiya, amma batun tsira ya fi ƙarfin sa'a. A 1900 annobar da ɓeraye ke yaɗawa ta shigo Sidni, ta kashe mutum 103. Gwamnati ta karɓe unguwar The Rocks baki ɗaya, ta rushe gidaje da dama da sunan tsafta. Sai aikin babbar gadar tashar jiragen ruwa, wadda aka buɗe a 1932, ya cinye wasu titunan. Abin da ya saura kuma, a farkon shekarun 1970 aka shirya kwashe shi a kafa dogayen benaye.

Mazauna unguwar ne suka ƙi, Nita McRae na kan gabansu. Suka je wurin ƙungiyar leburorin gini da Jack Mundey ke jagoranta, leburori suka ce ba wanda zai ɗaga guduma a wurin. Ka duba fa, mutanen da aikin rusau ne abincinsu. A 1973 har kama Mundey 'yan sanda suka yi a unguwar. Dokar kare kayan tarihi ta jihar New South Wales, inda Sidni take, sai a 1977 ta fito, bayan an sha wannan gwagwarmaya.

Ɗan Magini:
Na gode Malam, na gode Hajiya. Yanzu na gane dalilin da ya sa kantin da ke kusurwar jerin gidajen, lamba 64, aka shirya shi irin na da. Amma Hajiya, wani abu na damuna. A 2014 gwamnatin jihar ta sanar da sayar da gidajen gwamnati na Millers Point, unguwar da ke maƙwabtaka, aka kwashe 'yan hayan da wasunsu kaka da kakanni suke wurin. Gidajen na Millers Point suna cikin rajistar kayan tarihi, ba mai taɓa bulonsu, amma mutanen sun watse. Shin dokar 1977 ta tanadi wani abu game da mazauna, ko gini kaɗai take karewa? Wanda ya karanta ta don Allah ya yi mana bayani.