Zagayen unguwar Montmartre a ƙafa tare da ɗan jagora: waɗanda suka je su ba mu labari

Mai buɗe zance:

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Shekaru biyu da suka wuce aiki ya kai ni birnin Faris, na samu yini guda na hau tudun Montmartre ni kaɗai, na ga farar majami'ar nan da ke samansa, na ɗauki hotuna, na sauko. Sai bayan na dawo ne na karanta cewa na bi ta ƙofar gidajen da shahararrun masu zane Picasso da Van Gogh suka zauna ban ko ɗaga kai na dube su ba, abin kuma yana tsaye a raina har yau. Yanzu zan koma tare da mahaifiyata, wadda ta haura shekara sittin kuma gwiwa tana damunta, ina tunanin mu bi ɗan jagora a wannan karon. Ina roƙon duk wanda ya taɓa yin wannan zagaye ya gaya mana abin da ya gani da idonsa, mai daɗi da marar daɗi.

Tsohon malamin tarihi:

Wa alaikumus salam, 'yata. Na yi wannan zagaye, mu tara ne a ayarin, kuma ya ɗauke mu awa biyu da rabi. A bakin tashar jirgin ƙarƙashin ƙasa ta Abbesses muka haɗu, kuma tun daga nan ki kula, domin zurfinta mita 36 ne, tana cikin mafiya zurfi a layukan birnin, saboda haka ki nemi lif ki shigar da Hajiya, kada ku bi matakala.

Kafin mu yi taku ɗaya, jagoran namu ya zaunar da mu ya bayyana dalilin da ya sa masu zane suka taru a wannan tudu. Har zuwa shekarar 1860 Montmartre ƙauye ne mai zaman kansa a bayan birni, da gonakin inabi da injinan niƙa masu aiki da iska da ramukan da ake haƙo farar ƙasar shafe. Da aka rushe tsofaffin lungunan tsakiyar Faris domin a shimfiɗa manyan tituna, talakawa suka yi ta komawa gefe, inda kuɗin haya yake da sauƙi, matasan masu zane da ba su da ko sisi kuwa suka bi su. Wannan bayani na minti goma shi ya sa na fahimci duk abin da ya biyo baya.

Inda ya fi taɓa ni shi ne wani ɗan fili mai gangare da itatuwa da bencina, ana kiransa Émile-Goudeau. Idan ke kaɗai ce za ki wuce shi, domin abin da ke wurin ƙofa ce kawai da tagar gilashi da aka jera tsofaffin hotuna a cikinta. Nan ne gidan da ake kira Bateau-Lavoir, wanda aka yi masa laƙabi da jiragen ruwan da mata suke wanki a cikinsu a kogin birnin. Jagoran ya ce ginin katako ne da aka yayyanka ɗaki-ɗaki, famfo ɗaya ne tak ga mazaunansa duka, da hunturu sanyi ya hana barci, da bazara zafi ya hana zama. A nan Picasso ya sauka a 1904 yana ɗan shekara 22, a nan kuma ya yi zanen nan na mata biyar a 1907, wanda ya karya tsohuwar hanyar zana jikin mutum ya buɗe sabuwa. Zanen yana Amurka yanzu, ainihin ginin kuwa gobara ta cinye shi a 1970, aka sake gina shi a 1978. Ga shi babu abin gani, amma mun tsaya kusan minti ashirin babu wanda ya nuna gajiya, domin mutumin ya iya ba da labari har sai ka ji kamar kana jin ƙarar katakon a ƙarƙashin ƙafarka.

Uwar 'yan biyu:

Ƙanwata, ni batun gwiwa zan yi miki, tunda irin ciwon Hajiya nake fama da shi. Tudun ya kai tsayin mita 130, kuma matakalar da ke gefen lambun majami'ar tana da taki 222. A gefenta akwai ɗan ƙaramin jirgi da ake ja da igiyar ƙarfe, wanda yake kai mutum sama cikin minti ɗaya da rabi, da tikiti irin na jirgin ƙarƙashin ƙasa ake shigarsa. Akwai kuma bas mai lamba 40 da take ratsa lungunan tudun. Kuskuren da na yi shi ne ban tambayi inda za a fara da inda za a ƙare ba kafin in biya kuɗi, sai na tarar daga ƙasa za mu fara muna hawa, kafin mu kai rabi numfashina ya ɗauke, ayarin ya riƙa jirana a kowace kwana, na ji nauyin mutane ƙwarai. Ki nemi zagayen da yake farawa daga sama yana gangarowa. Ko shi ma sai an yi a hankali, domin daɓen duwatsu ne masu santsi idan an yi yayyafi, na kuwa zame sau ɗaya a gangaren da ke kusa da gonar inabi, ba domin ɗana ya riƙe ni ba da na kai ƙasa. Ta sa takalmi shimfiɗaɗɗe mai ƙasan roba. Sannan a ƙasan lambun akwai samari masu kama hannun baƙo su ɗaura masa zare su ce sai ya biya, ku riƙe hannuwanku a jiki ku wuce, kada ku tsaya amsa musu.

Ɗalibar zane:

Baba malam ya yi gaskiya game da iya ba da labari, amma zan ƙara abu ɗaya, wato a tambaya ko jagoran yana tafe da hotunan zane-zanen. Tamu jagorar mace ce, tana riƙe da wani babban fayil. Da muka isa wurin injin niƙan nan na Moulin de la Galette, ɗaya daga cikin biyun da suka rage a tudun, sai ta buɗe zanen da Renoir ya yi a 1876 na ma'aikata suna rawa a wurin ranar Lahadi, ta ce mu dubi bayan rigar mutumin da ke zaune a gaba. Akwai ɗigo-ɗigon haske a kanta, na ranar da ta ratso ta cikin ganye. Sai ta nuna mana kafaɗar wani ɗan ayarinmu da ke tsaye a ƙarƙashin itace, ga irin ɗigon nan a kan rigarsa. Na shekara uku ina karatun zane, na ga wannan hoto a littafi ba sau ɗaya ba, amma a ranar na gane abin da mutumin yake ƙoƙarin kamawa.

Ita ce kuma ta tsayar da mu a gida mai lamba 12 a titin Cortot, inda gidan tarihin unguwar yake yanzu, ta ba mu labarin Suzanne Valadon, wadda ban taɓa jin sunanta a aji ba. 'Yar mai wankau ce, tana zama a gaban su Renoir da Toulouse-Lautrec suna zana ta ana biyanta, tana kallon yadda suke riƙe burushi da yadda suke haɗa fenti har ta koya da kanta. Mai zane Degas ya ga zane-zanenta ya saya, ya kuma ƙarfafa mata gwiwa, a 1894 aka karɓi aikinta a baje kolin babbar ƙungiyar masu fasaha ta ƙasar. Ɗanta Maurice Utrillo shi ne ya yi suna da zana titunan unguwar. An sake shirya ɗakin aikinsu a cikin gidan, da babbar tagarsa da kwalaben fenti, sai dai kuɗin zagayenmu bai haɗa da shiga ba. Bayan an sallame mu na koma na biya na shiga, na zauna a lambun har yamma. Idan Hajiya ta gaji, lambun wuri ne mai kyau na hutawa.

Direban dogon zango:

Ni kam tawa ba ta yi kyau ba, kuma gara in faɗa domin a yi hattara. Na bi irin zagayen da ake tallatawa a intanet cewa kyauta ne, sai tukuici a ƙarshe. Ranar Asabar ce da rana a watan Agusta, mun haura mutum talatin a bayan saurayi ɗaya mai ɗaga laima, ba shi da lasifika, wanda ke baya ba ya jin komai sai hayaniyar jama'a. A titin Lepic ya nuna mana gida mai lamba 54 ya ce a nan Van Gogh ya yanke kunnensa. Wata dattijuwa a cikinmu ta ce ba haka ba ne, ya yi dariya ya wuce. Da na koma masauki na duba, ashe ita ce da gaskiya: a gidan ya zauna tare da ƙaninsa Theo daga 1886 zuwa 1888, batun kunnen kuwa a garin Arles ya faru, a kudancin Faransa, a watan Disamba na 1888. Wanda ya ƙara maka gishiri a abu ɗaya, ta yaya za ka yarda da sauran? Bayan haka ya ajiye mu a wani shagon tsaraba kusan minti ashirin, a ƙarshe kuma ya faɗi adadin yuro da ya kamata kowa ya bayar.

Baban yara uku:

Ɗan'uwa, na ji ba daɗi da abin da ya same ka, sai dai ba duka aka taru aka zama ɗaya ba. Mu ma na tukuici muka bi, amma da ƙarfe tara na safe a ranar aiki, mu goma sha biyu, kuma jagoran yakan bambance mana abin da aka tabbatar da wanda ake faɗa kawai. A gaban ƙaramin gidan waƙa na Lapin Agile ya ba yarana labarin yadda a 1910 wasu abokai suka ɗaura burushi a wutsiyar jakin mai gidan, ya shafa fenti a kan ƙyalle, suka kai zanen baje koli da sunan wani mai zane da babu shi a duniya. Har yau ƙaramar 'yata tana ba da wannan labari, kuma ta dalilinsa ta fara tambaya game da sauran masu zanen.

A dandalin Tertre, inda masu zana fuskar mutane suke zama, ya nuna mana bambanci tsakanin masu izinin hukumar birni, waɗanda kowa yake da ɗan wurinsa da bai wuce murabba'in mita ɗaya ba, da masu yawo da allo a hannu suna tare baƙi. Ya ce a tsaya a kalli aikin mutum a kan wani kafin a zauna masa, a kuma gama ciniki kafin ya ɗora fensir. Mun yi haka, wani dattijo ya zana 'yan'uwan uku a takarda ɗaya cikin rabin awa. Abin da ya ba ni takaici kawai shi ne kujerun gidajen abinci sun cinye tsakiyar dandalin, an tura masu zanen gefe-gefe, alhali su ne dalilin zuwan jama'a.

Mai buɗe zance:

Allah ya saka muku da alheri. Na tsayar da shawara za mu nemi ƙaramin ayari da safe a tsakiyar mako, wanda yake farawa daga sama, zan kuma rubuta wa jagoran tun kafin mu biya in gaya masa halin da Hajiya take ciki. Baba malam, tunda ainihin zane-zanen ba sa unguwar, a ina za mu ga ko da ɗaya ne da idonmu?

Tsohon malamin tarihi:

Ki kai ta gidan adana zane-zane na Orsay da ke bakin kogi, amma washegari, kada ku haɗa biyun a yini ɗaya saboda ƙafarta. Zanen Renoir da 'yarmu ɗaliba ta ambata yana can a hawa na sama, ayyukan Van Gogh da na Toulouse-Lautrec ma suna cikin ginin. Ba a buɗe shi ranar Litinin, saboda haka idan kun yi zagayen ranar Talata sai ku je Laraba, ki kuma sayi tikiti tun daga gida domin kada Hajiya ta daɗe a tsaye a layi.