Wane ne Umaru Ganda, kuma me ya sa ake yawan ambatonsa a harkar fim?

Hadiza_Maradi: Salamu alaikum. Duk wanda ya san Yamai ya san cibiyar al'adu ta Oumarou Ganda, amma mu yaran yanzu sunan kawai muka taras. An ce ɗan fim ne. Wane irin fim ya yi har aka sa wa wuri guda sunansa? Don Allah wanda ya sani ya ɗan warware mana.

Baba_Ila: Wa alaikumus salam 'yata. Bazabarme ne, haifaffen Yamai a 1935. Tun yana ɗan saurayi ya shiga sojan Faransa, aka kai su yaƙin Indocina. Da ya dawo bai samu aiki ba, sai ya gangara Abijan ya kama dako a tashar jirgin ruwa. A can wani Bafaranshe mai shirya fim, Jean Rouch, ya tsinto shi ya sa shi a fim ɗin Moi, un noir na 1958. Wato sai da ya ci kwakwa kafin ya taɓa riƙe kyamara, kuma hakan ya fito a aikinsa.

Fim ɗinsa na farko, Cabascabo, kusan labarin kansa ne, shi ya fito a jarumin ma. Tsohon soja ya dawo gida da 'yan kuɗinsa, abokai da 'yan mata suka yi masa caa, ana kiɗa ana wasa shi. Aljihu na bushewa kowa ya kama gabansa, ya koma neman aikin lebura. Mu da muka tashi muka ga irin waɗannan tsofaffin sojojin a zaune bakin titi da lambobin yabo a ƙirji, ba sai an yi mana fassara ba. An nuna shi a bikin finafinai na Cannes a Faransa a 1969.

Amma ni wanda ya fi tsaya mini shi ne Le Wazzou polygame. Alhaji ya dawo daga Makka, ga suna ga kuɗi, ya ƙyalla ido ya ga yarinyar da aka riga aka yi wa wani saurayi alkawarinta. Iyaye suka ga abin duniya, suka ba shi ita ta uku. Kishi ya ci ɗaya daga cikin matan gidan, ta tashi kashe amarya, a cikin duhu ta kashe ƙawar amarya. Da wannan ya ci babbar kyautar FESPACO, bikin finafinan Afirka da ake yi a Wagadugu, a 1972, karon farko da aka ba da ita ke nan.

Sani_Fagge: Baba, a gafarce ni, amma wannan ai shi ne abin da ake zagin Kannywood a kai kullum, kishiya da auren dole. Don Turawa sun tafa masa sai nasa ya zama daban?

Baba_Ila: Sani, FESPACO dai a Burkina ake yin ta. Kuma ka duba wanda ake ɗora wa laifi. A yawancin finafinan da jikokina ke kallo, kishiya ce muguwa, ta tafi wurin boka, asirinta ya tonu, mai gida ya fita fes. Ganda kuwa alhajin ya nuna da yatsa, da uban da ya karɓi kuɗin, da mutanen gari da suka yi shiru saboda rawani. Matar da ta yi kisan ma gidan ne ya kai ta can. Nemi fim ɗinsa Saitane ka gani, inda malamin tsibbu ke yi wa mai kuɗi kawalcin matar aure. Shi Ganda Musulmi ne, cikin Musulmi ya yi wannan, shekara kusan ashirin kafin Turmin Danya, fim ɗin da ake cewa da shi Kannywood ta fara, ya fito a Kano a 1990.

Hadiza_Maradi: Ikon Allah. Baba, ya daɗe yana yi ne?

Baba_Ila: Ina fa. L'Exilé na 1980 shi ne na ƙarshe, ya rasu ranar 1 ga Janairu 1981 yana ɗan shekara 45. Har yau FESPACO na ba da kyauta da sunansa ga wanda ya fi iya fim ɗinsa na farko. Da Zabarmanci ya yi yawancinsu, in Zabarmancinki bai nuna ba ki nemi mai fassarar Faransanci a ƙasa.