Me za mu kira "acides aminés" da Hausa?

Mai fassara a rediyo, Zango: Assalamu alaikum malamai. A shirye-shiryen abinci mai gina jiki, furotin ya riga ya zauna a bakin mutane. Waɗannan ƙananan abubuwan da ake haɗawa su zama furotin, waɗanda littattafan lakwal ke kira "acides aminés", su ne ba su da suna. Na ji ana cewa ƙwayoyin furotin, na ji tsamin amino, na ji tubalin furotin. Wanne za mu riƙe?

Malamin kimiyya, Birni: Wa alaikumus salam. Mu fara da abin kansa. Kowane ɗaya yana da karbon guda a tsakiya, da abu huɗu manne da shi: ɓangaren amino mai ɗauke da nitirojin, ɓangaren asid, haidirojin guda, sai reshe. Ukun farko iri ɗaya ne a kowane, reshen ne ke bambanta su, kuma iri 20 ne jiki ke gina furotin da su. In za a haɗa biyu, ɓangaren asid na wannan ya kama ɓangaren amino na wancan, ɗigon ruwa guda ya fita, haka har su zama doguwar sarƙa. Tsami dai a cire shi. Asid a nan magana ce ta ƙira, ba ta ɗanɗano ba. Gilisin, mafi ƙanƙanta a cikinsu, zaƙi-zaƙi ma gare shi.

Ma'aikaciyar jinya, Sabon Gari: Ƙwaya ma a cire, Malam. In aka ce wa uwa ɗanta na bukatar ƙwayoyin furotin, kantin magani za ta nufa. Ga ƙwayar cuta, ga ƙwayar halitta, kalmar ta ɗauki kaya da yawa.

Likita, Garin Malam: Ni tubali nake ja da shi. Tubalan ganuwar Birni duk ɗaya ne, ka ɗauke wannan ka sa wancan, katanga ba ta sani ba. A furotin kuwa jeri shi ne komai. Ku dubi sikila. Sarƙar beta ta himogulobin, wato furotin ɗin da ke ɗaukar iska a jini, guda 146 ce a jere. A gurbi na 6 wanda ake kira balin ya zauna inda wanda ake kira gulutamik ya kamata ya zauna. Gulutamik na shiri da ruwa, balin na gudunsa, don haka in iska ta yi ƙaranci sai himogulobin ya manne da juna ya yi tsinke-tsinke, ƙwayar jini ta lanƙwashe kamar lauje, ta toshe ƙananan jijiyoyi. Guda ɗaya cikin 146 ke kawo duk wannan ciwon. Haruffa sun fi kama da su: baƙi ɗaya ya canza, kalma ta koma wata.

Malamin kimiyya, Birni: Gaskiyarka likita, kuma misalin haruffa ya dace da aji. Amma a matsayin suna zai rikita ɗalibi, domin in an zo darasin gado, sinadaran nan huɗu na ADN, wato abin da ke ɗauke da gadon halitta a jiki, su ake kira haruffa. Tubali kuwa yana ɗauke da abin da mai sauraro ya fi bukata: ana rushewa, ana sake gini. Furotin ɗin wake ba ya shiga jini a yadda yake. Ciki da ƙaramin hanji ke warware sarƙar, jini ya kwashi guntayen, jiki ya gina nasa a nasa jerin.

Ma'aikaciyar jinya, Sabon Gari: Inda na fi damuwa shi ne guda 9 ɗin da ake fassarawa "masu muhimmanci". Kuskure ne. Duka 20 ɗin na da muhimmanci. 11 jiki na iya ƙera su, 9 kuwa sai an ci. A ce tubalan dole. Kuma a nan maganar ta shafi tukunyarmu. Hatsi da dawa suna da ƙarancin lizin, ɗaya daga cikin 9 ɗin nan, wake na da shi da yawa amma metiyonin ɗinsa, shi ma na dole, kaɗan ne, hatsi kuma ya cike masa. In lizin ya ƙare, ginin ya tsaya ko da sauran na nan jibge. Jiki ba ya ajiye su kamar kitse: hanta ta cire nitirojin, ƙoda ta zubar da shi a fitsari. Shi ya sa yaron da aka yaye kan kunun hatsi zalla yake ƙoshi amma ba ya girma yadda ya kamata. Garin wake a kunun, ko nono, ko ƙwai, shi ke rufe giɓin. Fura da nono ta riga ta yi wannan haɗin.

Likita, Garin Malam: Hajiya, tubalan dole ya yi. Na yarda da tubali bisa sharaɗi: duk inda aka faɗe shi karo na farko, a ce iri 20 ne, kuma jerinsu ke yin furotin.

Mai fassara a rediyo, Zango: To na rubuta: tubalin furotin, jam'i tubalan furotin; guda 9 su ne tubalan dole. A aji a ce asidin amino, don ɗalibi ya gane shi a littafin Faransanci. Malam, haɗin da ke tsakanin biyu fa, wanda ruwa ke fita?

Malamin kimiyya, Birni: Ƙulli. Ƙullin feftid, in ana son cikakken suna.