Kiɗan Major Zeman ya ɓata sunan Zdeněk Liška?

Ɗan Zariya: Ni fa ina nan a kan bakana. Liška, mai tsara kiɗan finafinai ɗan Cekoslobakiya, gwani ne, amma wanda ya yi wa shirin Major Zeman kiɗa bai cancanci kambamawar da ake yi masa ba. Shirin talabijin ne mai kashi 30 a kan wani ɗan sanda, wanda gwamnatin gurguzu ta Cekoslobakiya ta sa aka shirya a shekarun 1970, don wanke 'yan sandanta da shafa wa 'yan adawa kashin kaji.

Hajiya Babba: Ɗana, ka taɓa zama ka saurari Marketa Lazarová kuwa? Fim ɗin František Vláčil na 1967. Muryoyi ne rututu da ganguna, har tsigar jiki ta tashi. A 1998 masu sharhin finafinai na ƙasar suka zaɓe shi a matsayin fim ɗin Cek mafi kyau. Fim ɗin Obchod na korze da ya ci kyautar Oscar a 1966 ma kiɗansa ne. Duk wannan ka shafe saboda shiri ɗaya?

Ɗan Zariya: Hajiya, ai gwanintar ce ta sa abin ya fi ciwo. Da baragurbin makaɗi suka samu, da tuni an manta da shirin. Har a 1999 da talabijin ɗin ƙasar ya sake nuna shi sai da aka yi ta cece-kuce.

Malam Na Prag: Ku tsaya. Tun 1945 gwamnati ta karɓe harkar fim gaba ɗaya. Ba wani furodusa mai zaman kansa da za ka gudu wurinsa. Bayan tankokin Tarayyar Sobiyet sun shigo a Agustan 1968, ƙofofin suka ƙara tsukewa. Fim ɗin Spalovač mrtvol na Juraj Herz, wanda shi ma Liška ya yi wa kiɗa, kulle shi aka yi. Mutumin da tun daga situdiyon fim na garin Zlín bayan yaƙi bai san wata sana'a ba sai kiɗan fim, ina zai nufa?

Ɗan Zariya: Inda mawaƙiya Marta Kubišová ta nufa, Malam. An hana ta waƙa daga 1970 har 1989, ba ta durƙusa ba.

Hajiya Babba: Ita hana ta aka yi, ba ita ta zaɓa ba. Kuma Liška bai rubuta ko layi ɗaya na labarin ba.

Autar Gida: Hajiya, a yi min afuwa, a nan kam ina bayan Yaya. Akwai kashin da aka nuna mawaƙan bayan fage a matsayin 'yan ƙwaya masu fashin jirgin sama, kowa kuma ya gane 'yan ƙungiyar kiɗa ta Plastic People ake nufi, waɗanda aka gurfanar a 1976. 'Yan'uwansa makaɗa ne fa. Amma ban yarda a daina sauraron kiɗansa na fim ɗin Ikarie XB-1 saboda haka ba.

Malam Na Prag: Liška ya rasu a 1983, shekara shida kafin gwamnatin ta faɗi. Waɗanda suka kai 1989 sun samu damar kare kansu, shi bai samu ba.

Ɗan Zariya: Waɗanda aka ɗaure a 1976 ma ba a ba su irin wannan damar ba, Malam.