Tambaya kan kaburburan sojojin Italiya a bisa duwatsu

Ɗan Aboabo, Kumasi:
Assalamu alaikum, iyayena da yayyena. Ƙanena da ke aiki a birnin Vicenza na Italiya ya aiko mini da hotunan wata maƙabartar sojoji da aka gina a ƙololuwar dutsen Grappa, ya ce akwai wani kabari a wurin da ba ya rabuwa da furanni, kuma mutanen yankin suna ba da labarai masu ban mamaki game da yaƙin da aka yi a duwatsun. Me ya kai sojoji yin yaƙi a irin wannan wuri, kuma yaya mutum zai raba gaskiya da almara a cikin waɗannan labarai?

Tsohon malamin tarihi, Nima:
Wa'alaikumus salam, ɗana. Italiya ta shiga Yaƙin Duniya na Farko a watan Mayu na 1915, ta fuskanci daular Ostiriya da Hungari, kuma da yake iyakarsu ta bi ta kan tsaunuka ne, sai filin daga ya zama duwatsu da ƙanƙara. A can sanyi da zaftarewar ƙanƙara sun yi ɓarna kamar yadda igwa ta yi. A ranar 13 ga Disamba 1916, ƙanƙara ta rufto wa barikin Ostiriyawa a dutsen Marmolada, ta hallaka fiye da mutum 200 a lokaci guda. A Col di Lana kuwa, da Italiyawa suka kasa ƙwace ƙololuwar da bindiga, sai suka haƙa rami a ƙarƙashinta, suka cika shi da nakiya, suka tashi kan dutsen a watan Afrilu na 1916.

Grappa ya yi suna ne bayan kashin da Italiya ta sha a Caporetto a watan Oktoba na 1917, domin a nan da bakin kogin Piave sojojinta suka ja daga, suka hana abokan gaba sauka fili. Game da almara, duba labarin Sepp Innerkofler, jagoran masu hawan dutse da ya yi wa Ostiriya yaƙi, aka kashe shi a dutsen Paterno a watan Yuli na 1915. Italiyawa suna cewa wani sojansu ne ya mirgino masa dutse, wasu kuma suna cewa harsashin mutanensa ne ya same shi bisa kuskure. Abin da ɓangarorin biyu suka yarda da shi shi ne, Italiyawa suka ɗauko gawarsa suka binne ta da girmamawa. Ni dai ina riƙe abin da abokan gaba biyu suka haɗu a kansa, sauran kuma in saurare shi a matsayin labari.

Baƙon Italiya, ɗan Asawase:
Allah ya ƙara wa Malam lafiya. Na hau Grappa, kuma abin da hoto ba ya nunawa shi ne yawan waɗanda ba a san sunansu ba. Ginin da'ira ne mai hawa biyar, kowane hawa cike da ƙananan gurabu masu murfin tagulla, kuma a maƙabartar baki ɗaya akwai ƙasusuwan kusan mutum 23,000, Italiyawa fiye da 12,000, sauran na rundunar Ostiriya da Hungari ne. A ɓangaren Ostiriyawa, 295 kaɗai ke da suna.

Kabarin da ƙanenka yake nufi yana cikin waɗannan, gurbi na 107. Sunan sojan Peter Pan, an haife shi a 1897 a wani ƙauye da yanzu ke cikin Romaniya, ya rasu a watan Satumba na 1918, saura 'yan makonni yaƙi ya ƙare. Da yake sunansa ya dace da na yaron nan na tatsuniyar Turawa wanda ba ya girma, sai masu ziyara suka mayar da wurin nasu. Da idona na ga furannin daji da tsakuwa jere a bakin gurbin. Wasu suna cewa ba a san mai ajiye su ba, amma na tsaya na ga wata dattijuwa da jikarta sun ajiye nasu sun wuce. A ganina mutane ba su iya yi wa dubu goma marasa suna kuka, shi ya sa suke tsayawa a kan ɗaya da za su iya kira.

Hajiyar Mamobi, Accra:
Malam, a gafarce ni, akwai abin da bai kamata a tsallake ba. Gwamnatin Mussolini ce ta gina wannan wuri, aka buɗe shi a watan Satumba na 1935, kuma a farkon Oktoba na shekarar sojojin Italiya suka afka wa Habasha, inda har iskar guba suka yi amfani da ita. Ina tausayin samarin da sanyi ya kashe a Grappa, amma an tara ƙasusuwansu ne domin a zaburar da wasu samarin zuwa wani yaƙin.

Kakana yana cikin rundunar Gold Coast, wato Ghana ta yau, da ta yaƙi Italiyawa a Gabashin Afirka, daga El Wak a Disamba 1940 har zuwa Wadara a kudancin Habasha a 1941. Ɗana, tunda kana Kumasi, ka je gidan tarihin soja da ke tsohuwar ganuwa a Adum, za ka ga makaman da suka ƙwato daga hannun Italiyawa. Ka kuma tambayi dattawan Aboabo waɗanda iyayensu suka yi soja, ka rubuta sunayen da lambobin da suka rage a gidajensu.

Ɗan Aboabo, Kumasi:
Na gode, Hajiya, Allah ya jiƙan kaka. Zan je Adum ranar Asabar in Allah ya yarda, kuma zan fara tambayar daga limamin unguwarmu, domin mahaifinsa tsohon soja ne.